Kabejin Tomas

Shekara arba'in Tomas yana haɗa wa fina-finai sauti. Tun yana saurayi a Brazil, in jarumi ya taka tsakuwa, ƙafar Tomas ake ji. In aka karya wa mugu wuya, karas ne ya karye a hannunsa. Sunansa kuwa can ƙarshe yake fitowa, bayan na direbobi, lokacin da ɗakin kallo ya rage sai mai shara. Tsufa ya kawo shi unguwar Moss Side a ƙasar Turawa, wurin 'yarsa, da buri guda: ya ga mutane zaune suna karanta sunansa.

Aliya, 'yar maƙwabcinsa, ita ta yi masa alkawarin cika masa wannan buri. Ta haɗa ɗan fim a kan zangon Kumasi, inda iyayenta suka taso. Ƙarar dakan da ta ɗauko can, Turawan da ke ba fim ɗin tallafi suka ce ba ta yi kama da Afirka ba. Tomas ya shiga kicin, ya yi ta jibgar kabeji da tsohon takalmi. Suka saurara, suka ce yanzu aka iso Afirka.

Ranar nuni ya hau jirgin ƙasa zuwa Birmingham cikin kwat ɗinsa ta biki. A wani zaure a unguwar Aston, Alhaji Mutawakilu, shugaban ƙungiyar 'yan zango, ya karɓi makirufo don faɗin kalma biyu. Ya gode wa council, wato hukumar gari, ya gode wa mai shinkafa, ya gode wa wanda ya ba da parking. La'asar ta yi sakaliya yana godiya. Fim bai ƙare ba sai da magariba. Sunan farko bai gama hawa bango ba aka zare wayar majigi, aka shimfiɗa tabarmi.

Bayan salla Aliya ta jawo shi gaban jama'a. “Uncle, sorry. Da bakina zan faɗi sunanka.”

Kafin ta fara, Hajiya Sahada, wata tsohuwa daga unguwar Erdington, ta riƙe mata hannu tana share ido.

“'Yar nan, wa ya ɗauko miki dakan nan? Turmin gidanmu ne. Haka Innata take yi, biyu da sauri, ɗaya a hankali. Tun rasuwarta ban sake ji ba.”

“Ke dai, Hajiya, kowane turmi na gidanku ne,” in ji ƙawarta Mubaraka.

“Yi min shiru, ke da aka yaye ki da blender.”

Aliya ta fassara wa Tomas, ta miƙa masa makirufo. Zauren ya yi tsit, kowa na zaune, abin da bai taɓa samu ba. Shi ya san dalilin bugu na uku: kafaɗarsa ce ke ciwo. In ya faɗa, za a san shi, tsohuwa kuma ta koma gida da kabeji a madadin uwa. In ya rufe baki, ya yi ƙarya, amma ai ita ce sana'arsa.

“Gaya mata a Kumasi aka ɗauka,” ya ce da Turanci.

Hajiya ta sa wa turmi albarka. Alhaji Mutawakilu ya karɓe makirufo, ya gode wa turmi, ya gode wa taɓarya, ya gode wa bishiyar da aka sassaƙo su.

Aka zuba wa Tomas shinkafa da kabeji a gefe. Ya tauna a hankali, yana sauraro.