Rakiyar Baba Mashud Zuwa Gadar Katako

A shekarar 1938 aka ba Issahaku beli a Yendi, kuma tun a ƙofar kotu ya fara zargin alherin. Shi ne mai riƙe da ƙarfen da ake yi wa shanu lamba a Bawku, shaidar an yi musu allura kafin su gangara kudu. Ana tuhumarsa da haɗa baki da waɗansu fatake: shi ya buga wa garke lamba ba allura, su kuma su manta da bijimi ɗaya a bayan gidansa. Da shanu suka fara faɗuwa a hanyar Yendi, kowace da lambar gwamnati tsaf a cinya, sai aka tuna da shi. Fataken kuwa har yanzu takardar kotu "waɗansu" take kiransu.

Sharuɗɗa uku tafinta ya karanta masa. Zai zauna a gidan Sidiku, mai masaukin fatake a zango, wanda ya tsaya masa. Zai kai kansa bariki kowace safiya a gan shi. Ba zai fita gari ba; ta hanyar Salaga iyakarsa gadar katako, kuma in ƙafarsa ta taka ta, a kurkuku zai jira shari'a.

Issahaku ya riƙe sharuɗɗan nan fiye da yadda ya taɓa riƙe aikinsa. Ya zargi Sidiku, don bai ga abin da ya tsinana masa ba har zai tsaya masa. Idan tuwo ya zo da wuri ya zarge shi, idan ya makara ya zarge shi. Kofur Jibirilu, wanda ke duba shi a bariki, kullum sai ya yi masa murmushi, murmushin kuma ya hana shi sukuni har azahar.

Rana ta tara Baba Mashud ya sauka a gidan, a hanyarsa ta komawa Salaga. Kawun Asana ne, matar Issahaku, kuma shi ne babba a cikin "waɗansu". Ya kwana ɗaya, ya yi maganar ruwan bana, ya yi ta tsadar goro, bai ko kusanci maganar shari'a ba. Issahaku ya zargi wannan ma.

Da hantsi tsoho ya ce zai wuce, jakunansa sun yi gaba. Suruki ba ya fita gida a bar shi shi kaɗai, don haka Issahaku ya ɗauki buzun tsohon da butarsa da ƙunshin guzuri ya bi shi. Mai rakiya kuwa ba ya juyawa da kansa, musamman idan babba yake raka. Sai an ce masa ya koma.

Suka wuce masallacin zango, inda akan sallami maƙwabci. Suka wuce rumfar mahauta, inda akan sallami aboki.

"Ka rame, ɗana," in ji Mashud. "Ko Sidiku yana auna maka tuwo ne?"

"A'a, Baba, ana ƙoƙari."

"Ƙoƙari! Na san gidan nan tun ubansa na da rai. Miyarsu sai ka yi sallama kafin ka gamu da nama."

Issahaku ya yi dariyar da ta wajaba, yana kallon bakin tsohon. Suka shiga gonakin doya. Mashud ya ɗauko labarin wani kada da ya cinye masa jaki a mashigin Yeji shekara talatin da suka wuce, labarin da Issahaku ya ji sau huɗu, kuma bai taɓa jin sa da tsawo haka ba.

"Baba, rana tana yi," ya ce.

"Tana yi kuwa. To, kadan nan da ya ɗago kai..."

Sai ga gada. A ƙetarenta, ƙarƙashin kuka, wani mai jar dara ya cire takalma yana shan inuwa. Kofur Jibirilu ne, wanda ya kamata a ce yana bariki. Issahaku ya dubi hannayensa: buzu, buta, guzuri. Ko shi ne alƙali, ya ga mutum haka a kan hanyar Salaga, zai ce gudu yake. Kuma da zarar an kama mai ƙarfe yana gudu, ba wanda zai ƙara tambayar su wane ne "waɗansu".

Tsoho ya riga ya hau katakon yana ci gaba da kadansa. Issahaku ya tsaya saura taku uku, ya durƙusa, ya jera kayan a ƙasa.

Mashud ya waiwayo. "Mene ne haka?"

"Baba, iyakata ke nan."

"Na sallame ka ne?"

"Ba ka sallame ni ba."

"A turɓaya za ka zubar min da buzun salla? Ɗan taku goma ne ka miƙa wa masu jakuna!"

"Ka yafe ni, Baba."

"Asana za ta ji irin mijin da muka ba ta."

Kofur ya sa takalmansa ba gaggawa, ya ƙetaro, ya kwashi kayan. "Kawo, Baba Mashud, ni na ƙarasa maka," ya ce. Issahaku bai ji wanda ya gaya wa Kofur sunan ba. Amma fa rabin Yendi sun san tsohon, ya tuna wa kansa, kuma tunin bai yi masa amfanin komai ba.

Kafin la'asar zango duka ya ji cewa ɗan Bawku ya yar da kayan surukinsa a hanya. Maganar allura ba ta taɓa zubar masa da mutunci kamar haka ba. A gidan Sidiku kuwa, ran nan akwai nama biyu a miya.

Washegari Issahaku ya kai kansa bariki.

"Ga ka kuwa," in ji Kofur Jibirilu yana murmushi. "Baba ya ce in gaya maka ya sallame ka, za ka iya komawa."