Gawar da Ba Ta Yi Dariya Ba

Saura ƙiris in fasa rubuta wannan. A aji biyar na bar makaranta, hannuna ya fi sanin zare da fure fiye da biro, kuma ni ko a gida sai a wuni ba a ji muryata ba. Amma mutane da yawa sun ga yayana Thavasi a fim, har suna yabonsa wai ya iya mutuwa. Ba su san sauran ba, ni kuwa na sani.

Sunana Senbagam. Ƙauyenmu yana gefen garin Theni, tsakanin gonakin kwakwa da na ayaba. Ina ƙarama aka kashe babanmu Sangili a bikin haikali, kan wanda za a fara ɗaura wa ƙyallen girmamawa a ka. Veeranan na layin gabas ne ya sare shi a gaban jama'a. Ya yi zaman kurkukunsa, ya fito, ya koma shan shayi a bakin tashar bas, 'ya'yansa maza suka girma suka yi gashin baki.

Mahaifiyarmu Pechi, wadda muke kira Aatha, waƙar makoki ce sana'arta. Duk gidan da aka yi rashi ita ake aika wa. Ta kwance gashi, ta daki ƙirji, ta jero halayen mamaci har maza su juya fuska bango. Amma ba ta yi wa mijinta ba. Ranar da aka kawo shi ta zauna ido a bushe, ta ce waƙarsa tana nan a ajiye sai ranar da aka kwantar da Veeranan.

Da wannan magana Thavasi ya girma. Hawan kwakwa yake yi, kullum da adda a ƙugu, kullum kuma ya dawo da ita babu komai a bakinta sai ruwan kwakwa. In Aatha ta zuba masa shinkafa takan ce, “Ci, mai saran kwakwa. Ita dai ba ta ramawa.” Shi sai ya yi dariya ya miƙa ganyen ayabar da yake cin abinci a kai a ƙara masa miya. Dariya ce da shi mai ƙarfi, ana jinta daga saman bishiya. Ni abu guda nake roƙo a haikali, addar nan ta ci gaba da dawowa yadda ta fita.

Bayan girbi 'yan fim suka zo daga Chennai da manyan motoci. Labarin nasu na daba ne da ramuwa: a kashe wan jarumi, jarumi ya bi makasan ɗaya bayan ɗaya. Suna neman wanda zai fito a gawar wan, mai fuskar mutanen nan. Wata mataimakiyar darakta, Kayal, siririya mai tabarau, ta ga Thavasi yana saukowa daga bishiya, ta ce shi ne. Suka ɗauki hotonsa. Ba a jima ba bangayen ƙauye suka cika da fostar ta'aziyya irin wadda muke liƙawa in an yi mutuwa, fuskarsa a tsakiya, idanu biyu masu zubar da hawaye a gefe, da sunan wani mutum a ƙasa. Abokansa suka riƙa tare shi a hanya suna tambayar yaushe ne sadakar, za a yanka akuya ko kuwa marigayin matsiyaci ne.

Da suka tambayi wadda ta fi iya makoki, kowa ya nuna gidanmu. Na zaci Aatha za ta ƙi. Sai ta dubi Thavasi ta ce tunda bai yi amfani da rai ba, bari a gani ko zai yi a mace. Ni aka ba aikin sarƙar furen da za a rataya masa.

Hankalina bai kwanta ba. Da na kai furen na tsaya a gefe har Kayal ta lura da ni, na ce mata a hankali, mai rai ba a yi masa makoki. Ta dafa kafaɗata ta ce su ma suna da tsoron nan, shi ya sa suke da ƙa'ida. Duk wanda ya fito a gawa, da an gama ɗauka ba a kashe kyamara sai ya buɗe ido ya dube ta ya yi dariya, sannan a kewaya kansa da kabewa mai kafur yana ci a fasa a ƙasa, mutuwar ta bi kabewar. Ta nuna mini kabewar a ƙarƙashin tebur. Ta ce manyan jarumai ma ba sa tsallake wannan.

Da la'asar aka zaunar da shi a kujera a ƙofar wani gida, yadda muke zaunar da mamaci. Aka ɗaure haɓarsa da farin ƙyalle, aka manna masa ƙwandala a goshi, aka haɗa manyan yatsun ƙafarsa aka ɗaure, na rataya masa furen da hannuna. Ya buɗe ido ɗaya ya ce mini a hankali, “Ke, in ƙuda ya sauka mini a hanci ki kore shi.” Duk ƙauye ya taru, don an ce kowa zai fito. Mutanen layin gabas ma sun zo, har da 'ya'yan Veeranan biyu a bayan masu ganga.

Aatha ta fara da kalmomin da aka koya mata. Darakta ya tsayar da ita ya ce babu zafi, ta matso kusa ta kalli fuskar. Ta matso. Da haɓa a ɗaure, ido a rufe, Thavasi babanmu ne sak. Na ga hannunta ya tafi ƙeya, gashinta ya zubo. Muryar da ta fito ban taɓa jinta ba a duk gidajen makokin da na raka ta.

Ta kira Sangili da sunansa. Ta faɗi rigar da ya sa ranar biki, da abincin da ya bari a ganye ya ce zai dawo ya ƙarasa. Sannan ta kira Veeranan na layin gabas, ta kira sunan ubansa, ta ce yana shan shayi da hannun da ya sari mijinta. Ta kama gwiwoyin gawar tana girgizawa. “Tashi, ɗan Sangili. Addarka ta gaji da kwakwa. Tashi ka kawo mini kansa in ƙarasa waƙata.”

Masu ganga suka daina. Darakta ya yi musu alama su ci gaba, idonsa a kan ɗan allonsa, fuskarsa cike da murna. Babu wanda ya tsayar da ita. Ita ta tsaya da kanta, lokacin da ta shafa kumatunsa ta ji su a jiƙe. Hawaye ne suke fitowa daga rufaffun idanun. Ta dubi ƙyallen, ta dubi ƙwandalar, ta dubi yatsun da aka ɗaure, sai ta zube a ƙasa ta rungume ƙafafunsa. Da na waiwaya, 'ya'yan Veeranan ba sa wurin.

Thavasi ya fizge ƙyallen, ya tsinke zaren ƙafarsa, ya ratsa mutane ya tafi. Kayal ta bi shi da gudu tana cewa, “Yaya, dariya ɗaya kawai, kyamara tana jira.” Bai juyo ba. Darakta ya ce rana tana faɗuwa, a juya kyamara kan jarumi, a yi dariyar gobe. Washegari suka tattara suka tafi kan tudu ɗaukar faɗa. Kabewar ta tafi a bayan mota.

A daren ranar da aka ɗauki makokin Aatha ba ta taɓa abinci ba. Ta zauna a bakin ƙofa har ya shigo, ta miƙa hannu ta ce ya ba ta addar. Ya ba ta. Ta naɗe ta a tsohon zani ta tura ƙarƙashin buhun shinkafa.

“Na yi wa ubanka waƙarsa, ta ƙare,” in ji ta. “Na ga gawarka yau, ba na son ƙari. Ka tafi birnin Tiruppur ka koyi ɗinki.”

“Aatha, shekara nawa ina jiran ki faɗi wannan a cikin ɗaki,” in ji shi. “Waccan kin faɗe ta a gaban gari.”

Ƙanenta, Kawu Ayyavu, ya sa farar riga ya tafi layin gabas ya ce musu wasan fim ne, kowa ya ga kyamara. Ya dawo kansa a ƙasa. Ya ce babban ɗan Veeranan ya saurare shi har ƙarshe, ya ba shi ruwa, sannan ya tambaye shi ko a cikin fim ɗin ma akwai Veeranan ɗan wane na layin gabas.

Kwanakin da suka rage kafin tafiyarsa Thavasi bai fita ba. Ni kuwa na ari wayar maƙwabciyarmu na riƙa binsa daga ɗaki zuwa bakin rijiya. Na ce kyamara ai kyamara ce, ya yi dariyar a wuce wurin. Ni da ba na magana, har kwaikwayon tafiyar daraktan na yi masa. Ya kalle ni kamar daga nesa, ya ja mini kitso, ya ce in ya isa Tiruppur zai aiko mini hoto da haƙoransa duka a waje.

Ranar tafiya ya hana mu raka shi. Ya ce mata biyu a bayansa sun fi ganga tara mutane. Ya fita da rana tsaka, jaka a kafaɗa, babu komai a ƙugu. A rumfar tasha mutanen Veeranan suka same shi, su uku. Mai shayi ya ce bai ga komai ba. Da muka isa yana kwance a jikin bango ba rai, fostocinsa a samansa, sun fara koɗewa.

Aka zaunar da shi a kujera a ƙofarmu. Ni na yi furen. Wani ya ce ba sai an buga sabuwar fosta ba, ga su nan a ko'ina, Kawu ya ɗauke shi da mari. Mata suka zuba wa Aatha ido suna jira. Ba ta kwance gashi ba. Daga ranar ba ta sake waƙa a gidan kowa ba, an daina aiko mata.

Fim ɗin ya fito bayan damina. Ban gaya wa kowa ba na shiga bas zuwa Theni, na zauna a layin baya na sinima tsakanin mata biyu masu cin gyaɗa. Na gan shi a kujera, ya cika allo. Na ga ƙuda ya sauka a kan furen. Muryar Aatha ta cika ɗakin, mata suka fara jan hanci. Inda ta kira Veeranan sun ɗora ƙarar ganga a kai, bakinta yana motsi ba a jin sunan. Sun bar hawayen. Matar da ke damana ta ce wa 'yar'uwarta, dubi gwaninta, gawa tana kuka. Da jarumi ya ɗauki adda samari suka miƙe suna fito suna watsa yagaggun takardu sama, har ƙarshe ba su zauna ba.

Na zauna har sunaye suka gama wucewa. An ce mini wani lokaci sukan sa guntayen da aka yi raha a ƙarshe. Na san babu, amma na jira har mai shara ya ce, “Ƙanwa, an tashi.”

Da na koma gida na tarar da wasu 'yan'uwan babanmu a tsakar gida, su ma daga sinimar suke, idanunsu ja. Suna tambayar Aatha ina addar Thavasi. Ta ce ba ta san inda take ba. Tana zaune ne a kan buhun shinkafar, ba ta tashi ba har suka gaji suka fita.

Washegari da safe na je wurin mai kayan miya na sayi kabewa babba, na huda ta na zuba jan gari, na ɗora kafur a kai. Na ɗauke ta a ka zuwa tasha. Fosta ɗaya ta rage a ƙarƙashin rumfa inda ruwa bai kai ba. Masu shan shayi suka juyo, Veeranan yana cikinsu da kofi a hannu. Na kunna kafur ɗin, na kewaya fuskar yayana da shi, na ɗaga kabewar da hannu biyu na fasa ta a inda ya faɗi. Sannan na sa farce na fara ɓare sunan da ba nasa ba.