Kafin a Kunna Injin

Sahabi yana hawa bene na huɗu da kwalin dabino a hammata sai ya ji ana ambaton sunansa a bayan ƙofa. Muryar Alhaji Ishawu ce, kuma ba ta yabo ba ce.

Shekara biyu ke nan yana neman auren Rumaisa, 'yar ƙanin Alhajin, ma'aikaciyar jinya a wani asibiti a Bronx. Iyayenta suna Zangon Kumasi, sun damƙa maganar a hannun Alhaji, mai shagon doya da manja a unguwar Tremont. Duk manyan da Sahabi ya tura, amsa ɗaya suke dawowa da ita: sai yaro ya gama karatu. Sahabi ya daɗe da karɓar digirinsa na uku a kimiyyar fiziks, yana aiki a wani babban ɗakin bincike a Long Island. Amma a wurin Alhaji, duk wanda yake goya jaka a baya ɗan makaranta ne. Yau, cikin zafin Yuli na 1999, Alhajin da kansa ya buga waya ya ce ya zo.

Sahabi ya yi sallama, ya durƙusa ya gaishe shi. Alhaji bai kalli dabinon ba. Ya miƙo masa jarida.

"Wani kwastoma ya kawo mini. Nan ne wurin aikinka?"

Sahabi ya duba. Labarin da ya hana su sakat a ofis duk makon ne: wai sabon injin da suke haɗawa zai iya haifar da wani abu da zai haɗiye duniya.

"Nan ne, Baba."

"To. Ni na ɗauka lissafi kake koyarwa. Ashe tashin duniya kuke shiryawa. Zauna ka yi mini bayani da Hausa."

Matarsa, Hajiya Abiba, ta fito daga kicin ta tsaya da ludayi a hannu. Rumaisa ta kawo ruwa, har yanzu da kayan aikin asibiti a jikinta, ta koma ta jingina da bango a bayan kujerar Alhaji.

Sahabi ya taɓa yin jawabi a gaban farfesoshi, bai yi gumi haka ba.

"Baba, kowane abu da ake gani, har doyar shagonka, an gina shi da ƙwayoyin zarra. A tsakiyar kowace ƙwaya akwai wasu ƙanana, firoton da niyutiron. A cikin kowanne kuma akwai wasu guda uku da suka fi ƙanƙanta. Su ake kira kwak."

"Kwak," in ji Alhaji. "Kamar kukan agwagwa."

"Kusan haka."

"Ka taɓa ganin ɗaya?"

"Babu wanda ya taɓa gani. Ba a samunsa shi kaɗai. Abin da ya ɗaure su kamar roba yake, ba ya saki don an ja shi. In aka matsa har ya tsinke, sai sababbi su fito a bakin tsinkewar, kowanne ya sami abokin zama."

"Wato shekara goma kana bin abin da ba ka taɓa gani ba, kuma kun tabbatar ba za a gani ba."

"Muna ganin sawunsa, Baba."

"Maharbin da yake kawo sawu gida, da me matarsa za ta yi miya?"

Rumaisa ta sunkuyar da kai, kafaɗunta na motsi.

Sahabi ya ci gaba. Ya ce injin kamar zobe yake, mai faɗin gaske. Za su ɗauki ƙwayoyin zinariya su kora su ta hanyoyi biyu da gudun da ya kusa na haske, su yi karo. Zafin karon zai narkar da ɗaurin na ɗan lokacin da bai kai ƙiftawar ido ba, kwak su warwatsu kamar gero a tafasasshen ruwa, yadda ake jin abubuwa suka kasance a farkon halitta.

Hajiya Abiba ta sauke ludayin. "Zinariya ka ce?"

"E, Mama."

"Zinariya kuke fasawa da gangan?"

"'Yar kaɗan ce. Duk abin da za mu yi amfani da shi a shekaru bai kai ƙurar ɗan kunnenki ba."

Ta taɓa kunnenta, kamar ta tabbatar yana nan.

Alhaji ya buga yatsa a kan jaridar. "Bar zinariya. Wannan mai cin duniyar fa?"

"Akwai wani irin kwak da ake ce wa baƙo. Wasu sun ce, a lissafi, idan da yawa suka dunƙule wuri ɗaya, dunƙulen zai iya juya duk abin da ya taɓa ya koma irinsa. Amma kafin haka ta faru sai abubuwa da dama sun haɗu, waɗanda kowanne cikinsu da wuya ya yiwu."

"Ban tambaye ka da wuya ba. Zai faru ko ba zai faru ba?"

"Ba zai faru ba, in Allah ya yarda."

"Za ka dafa Alƙur'ani?"

Nan Sahabi ya tsaya. Tun yana ɗalibi aka hore shi kada ya ce sifili ga abin da bai auna ba.

"Baba, yiwuwar ta yi ƙanƙanta ƙwarai, ta yadda in za a rubuta ta..."

"Ka ji ko, Abiba? Ba zai dafa ba."

Sahabi ya ga aurensa yana sauka daga benen nan shi kaɗai. Alhaji ya cire hula ya share kai. Da ya sake magana, muryarsa ta yi ƙasa.

"Yaushe za ku kunna?"

"Ana sa ran ƙarshen shekara. Wataƙila ya kai baɗi."

"Ranar da ƙanina ya sa yarinyar nan a jirgi, ya ce mini, Yaya, amana ce, ka aurar da ita da hannunka. Ni na ce akwai lokaci." Ya mayar da hular. "Ba zan tsaya gaban Ubangiji da amanar mutane a hannu ba saboda agwagwa. Ka gaya wa manyanka su zo Juma'a mai zuwa. A ɗaura auren kafin ku kunna."

A daidai nan ne hujjar da ta fi kowace ƙarfi ta faɗo wa Sahabi, wadda tsoro ya kore masa tun a bakin ƙofa. Ƙwayoyi daga sararin sama suna dukan watan da ke sama da ƙarfin da ya fi na injinsu tun shekaru biliyoyi, kuma ga watan nan daram, kowane Ramadan ana rigima a kan ganinsa. Da wannan kaɗai zai iya kwantar wa dattijon da hankali. Ya gyara zama, ya ɗaga yatsa.

"Baba, ai akwai wani abu guda. Wata..."

A bayan kujerar, Rumaisa ta ɗago kai ta zuba masa ido. Irin kallon da take yi wa majinyacin da ke shirin cire ƙarin ruwa da kansa ne.

"Wata me?" in ji Alhaji.

Sahabi ya sauke yatsan a hankali.

"Wata Juma'ar nake tambaya, Baba. Wannan ta jibi, ko ta sama?"

"Ta jibi," in ji Hajiya Abiba, ta koma kicin.