Man Ƙafa Na Wata Ɗaya

Shekara talatin da huɗu ina aski, kuma a duk shekarun nan babu wanda ya zauna a kujerata da ƙuraje a ƙeya ya tashi bai sha wa'azi ba. Nakan ce masa, ko reza mai dauɗa ce, ko man da kake laftawa, ko wannan hannun naka da ba ya zama wuri ɗaya. Sai ga shi ni mai wa'azin na wayi gari da ƙuraje tun daga idon sawu har gwiwa, ina ɓoye su a cikin wando.

Mai aski a tsaye yake neman abincinsa. Kafin in rufe shago da yamma ƙafafuna sun kumbura, sun yi nauyi, sai in ja su zuwa gida da ƙyar. A can matata, Maman Auta, ta riga ta sauke baho daga ƙusa ta zuba ruwan ɗumi. In na jiƙa su sun huce, sai ta jawo 'yar kujerarta, ta ɗora ƙafata ɗaya a cinyarta, ta buɗe kwalbar man da take haɗawa da kanta. Ban taɓa tambayarta abin da take sawa a ciki ba. Na dai san yana da ƙamshin kanumfari, da wani sanyi da yake ratsa tsoka.

"Ɗago ɗayar," takan ce. "Kai, wannan ƙafa taka kamar itacen girki."

Tana murzawa tana ba ni labarin unguwa, wanda famfonsa ya fashe, wadda ɗanta ya faɗi jarrabawa. Ni kuwa in kara rediyo a kunne wai labarai nake ji. Ko sau ɗaya ban taɓa ce mata sannu ba, na ɗauka ai haka duniya take.

Da 'yarmu Auta ta haifi tagwaye, sai da aka yi mata aiki, ga shi garin da take aure tafiyar yini guda ce a mota. Ranar da uwarta za ta tafi, ta ajiye kwalba cike a kan tebur ta ƙwanƙwasa murfin da yatsa.

"Ga shi, na wata ɗaya ne. Ranar da ya ƙare ka gaya min, in dawo in haɗa maka wani."

"Je ki abinki," na ce. "Ni yaro ne?"

Kullum bayan magariba takan kira. Ta tambayi abin da na ci, in yi ƙarya, ta ba ni labarin jikoki, sannan kafin ta kashe ta ce, "Man nan fa?" In ce, "Da saura." A watan farko gaskiya nake faɗa.

Ranar da yatsana ya taɓo gindin kwalba, na yi niyyar gaya mata. Amma da ta kira, ina jin kukan jarirai biyu a bayanta, ta ce ɗinkin Auta bai gama kamewa ba. Wane irin uba ne zai janye uwa daga 'yarsa a kan man ƙafa? Wannan shi ne dalilin da na ba kaina, kuma dalili ne mai kyau. Ɗayan dalilin ba shi da kyau ko kaɗan. In na ce ya ƙare, na ce ta dawo ke nan, in kuwa na ce ta dawo, na yarda ba na iya zama babu ita. Bakina bai saba da irin wannan magana ba. Sai na ce, "Da saura," na shiga kicin na ɗauko man gyada na tsiyaya a kwalbar na juya da cokali.

Haka muka ci gaba, ni da kwalba. In ya yi ƙasa in ƙara man gyada. In ya yi kauri in zuba ruwan ɗumi daga baho. Daga baya na riƙa kawo man gashi daga shago, mai maiƙon nan da nake shafa wa samari. Launinsa ya tashi daga fari ya koma ruwan toka, amma in na cusa hanci sosai nakan jiyo kanumfarin can ƙasa, kuma saboda wannan ɗan ƙamshin nake yin komai.

Na yi kewarta, ba kaɗan ba. Silifas ɗinta na nan a bakin ƙofa yadda ta cire su, ɗaya ya hau kan ɗaya, in ina shara sai in zagaye su. Da yamma nakan zauna in jawo kujerarta in ɗora ƙafa a kai, in sunkuya ina shafa wa kaina. Bayan ƙwauri ba ya shafuwa da kyau in mutum shi kaɗai ne. Rediyon ma na daina kunnawa, ashe ba shi nake saurare ba duk shekarun nan.

A wata na shida ƙurajen suka fito. Ƙanana ne, jajaye, kowane ɗaya a gindin gashi, wasu da farin kai. Ga ƙaiƙayi, ga zafi in wando ya goga. Na ɗora wa sauro laifi, na sayi maganin feshi. Na ɗora wa kuɗin cizo, na fitar da katifa rana har kwana uku. Na canza sabulu. Abin da bai taɓa zuwa min a rai ba shi ne kwalbar, hasali ma da suka ƙaru sai na ƙara yawan shafawa, tunda man Maman Auta magani ne. Na kuma sa doguwar safa mai roba don kada kowa ya gani, na wuni da ita cikin zafi.

Tela, maƙwabcina a shago, shi ya kama ni. Ya zo gyaran fuska, ina riƙe da reza a ƙarƙashin haɓarsa, ina sosa ƙwaurin dama da yatsun ƙafar hagu.

"Malam, rawa kake ko aski?" ya ce, ba tare da ya motsa wuya ba. "Ajiye wuƙar nan mu yi magana."

Na ce sauro ne. Ya ce sauron da ke bin mutum cikin safa ai ya cancanci a gan shi. Bai bar ni ba sai da na naɗe wando. Ya duba, ya ja tsaki, ya rufe min shago da hannunsa, ya tasa ni gaba zuwa ƙaramin asibitin da ke ƙarshen layinmu. Ina tafe ina faɗa, yana tafe yana gaisawa da mutane.

Ma'aikaciyar jinyar da muka samu ba za ta girmi Auta ba. Kowa Sista yake ce mata. Ta sa safar hannu, ta haska ƙafar da fitila, ta danna nan ta danna can. Ta tambaya ko ina zazzaɓi, na ce a'a. Ta huda min yatsa ta auna suga, ta ce lafiya lau, amma a shekaruna dole a duba.

"Baba, kana matsa su ko?"

"Wani lokaci."

"Kana aske gashin ƙafa?"

"Ni? Allah ya kiyaye."

"To me kake shafawa?"

Na ce mai ne na gida. Ta ce in kawo ta gani. Na koma na ɗauko shi a cikin leda, na miƙa mata da hannu biyu. Ta buɗe murfin, ta kawar da fuska da sauri, sannan ta tuna da ladabi ta mayar. Sai a lokacin, a ɗakin nan mai warin magani, na ji yadda abin yake wari a hancin wani. Na lissafa mata duk abin da na zuba, Tela yana gefe yana ƙunshe dariya.

"To ga dalilin," ta ce. "Kowane gashi da ƙofarsa a fata. Maiƙon nan yana toshe ƙofar. Ruwan da kake zubawa, da yatsan da kake tsomawa kullum, su suka kai ƙwayoyin cuta cikin kwalbar suka hayayyafa. Ka shafa, ka rufe da safar roba, zufa ta sauka. Ai kai da kanka kake shuka su, Baba."

Magana ce da na gaya wa mutum ɗari a kujerata, sai dai ban taɓa jin ta daga wannan ɓangaren ba. Ta ce in riƙa wanke ƙafar da sabulu marar turare safe da yamma, in gasa da tsumma mai tsabta da ruwan ɗumi, in tsane sosai. In bar safar, in sa wando mai faɗi na auduga, in cire hannuna daga wurin. Ta ba ni wani ɗan magani a bututu, a ɗiga kaɗan a kan ƙurajen kawai. In na ga kumburi yana yaɗuwa, ko zazzaɓi ya zo, in dawo a ranar.

"Kuma babu mai," ta ce. "Kowane iri. Har sati uku."

Ta juya za ta jefa kwalbar a kwandon shara. Ban san lokacin da na riƙe mata hannu ba. Ta dube ni.

"Wa ya haɗa maka shi?"

"Matata."

"Yaushe?"

"Wata bakwai ke nan."

Ta sassauta murya, ta mayar min da kwalbar a hankali. "Allah ya jiƙanta, Baba. Yi haƙuri, ban sani ba."

Na ce, "Tana nan da ranta. Jiya ma mun yi waya."

"Au. To me ya hana ta haɗa maka sabo?"

Tela ya daina dariya. Ni kuma na ɗauki ledata na yi godiya. Yarinyar ta ga mutum yana lallaɓa ragowar abin matarsa, ta yi min ta'aziyya, kuma ba ta yi kuskure ba a abin da ta gani. Wata bakwai ina zaman wanda aka yi wa rasuwa, alhali matar tana ƙarshen waya tana tambayata.

A gida na zubar da abin da ke ciki, na wanke kwalbar da ruwan zafi sau uku. Ƙamshin ya tafi gaba ɗaya. Na kifa ta a kan tebur, na zauna ina kallon waya. Wani sabon tsoro ya kama ni. Ta ce za ta dawo ta haɗa min mai, ga shi an hana ni mai. Da me zan kira ta?

Ban jira magariba ba, na buga. Auta ce ta ɗauka, ta ce Mama tana yi wa yara wanka. Sai ta rage murya.

"Baba, don Allah wannan man naka wane iri ne da ba ya ƙarewa? Duk farkon wata sai Mama ta haɗa sabo. Kwalba shida ga su nan jere a kan taga."

"Ba ke take jinya ba?"

"Ni da na koma aiki tun wata na huɗu? Ƙanwar mijina ma tana nan tana taya ni. Jakar Mama a ɗaure take tun tuni. Na ce ta tafi, ta ce ba ka ce ba. Ta ce ƙila ka ga zaman ya fi maka daɗi haka."

Na ji ƙarar ruwa, da muryar uwarta tana tambaya wa ke magana. Aka miƙa mata. Ta yi mamakin kiran, ta tambaya ko lafiya, ta tambayi abin da na ci. Na gaya mata gaskiya, burodi da shayi.

"Man nan fa?" ta ce.

"Ya ƙare."

"Yaushe?"

"Tun wata shida da suka wuce."

Ina jin ɗaya daga cikin jikokina yana buga ruwa a baho. Sai na gaya mata duka, man gyadar, ruwan, man gashin, ƙurajen, har da ta'aziyyar da aka yi min. Na zaci za ta yi dariya, ba ta yi ba.

"Gidan babu daɗi," na ce. "Na yi kewarki. Amma gara in gaya miki tun yanzu, an hana ni shafa mai har sati uku. Ko kin kawo ba zan yi amfani da shi ba."

Ta ja numfashi, irin wanda takan ja in na saka riga a baibai.

"Malam," ta ce, "wa ya ce maka saboda mai zan dawo? Sauke bahon nan ka wanke shi, na san ya yi dauɗa. Motar safe zan hau."