Ɗan Mutumin Gefen Gada

Duk injiniya ya san al'adar: in ka zana gada, sai ka tsayar da ɗan mutum a gefenta don mai kallo ya gane girmanta. Dakta ya daɗe yana koyar da ginin gada a jami'ar ƙasar da ya yi hijira zuwa cikinta, kuma kullum da rula yake zana nasa ɗan mutumin. Kai zagaye, jiki sanda, ba ido ba baki. Ɗalibai har tsiya suke masa, wai mutumin Dakta tsinken ashana ne.

Ba su san cewa kafin ya zauna aji ɗaya da sa'o'in ƙannensa ya koyi injiniyanci, zanen barkwanci yake yi wa wata jarida a ƙasarsu ba. Ba ya sa suna. Abin da jama'a suka sani shi ne wani Janar mai hanci kamar ƙugiya, da lambobin yabo har cibiya. Da aka fara bin gidajen ma'aikatan jaridar ana neman mai zanen, ya tsallake iyaka shi da matarsa. Janar na nan kan kujerar mulki har yau. Ƙanen Dakta, Auta, ma yana can da iyalinsa, kuma kamarsu ɗaya sak, kamar an tsaga kara.

Ran nan ya manta rular a ofis. Yana cikin bayanin yadda ƙarfe ke lanƙwasa in nauyi ya yi masa yawa, wani ya jefo tambaya daga baya. Ya waiwaya yana amsawa, alli na ci gaba da tafiya a kan allo. Dariyar ɗalibai ce ta sa ya duba.

Ga Janar tsaye a tsakiyar gada, hancin nan, tumbin nan, gadar ta lotsa ƙarƙashinsa. Wayoyi sun riga sun ɗagu. Ya goge da tafin hannu, ya sake gogewa da hannun riga.

Ana fita, wata sabuwar ɗaliba ta tsaya kusa da shi. Da harshen gida ta yi magana, harshen da bai taɓa ji a wannan ginin ba.

"Malam, na san wannan hancin."

Ya ce mata bai gane ba, da harshen jami'a. Ya kwashi takardunsa ya wuce.

A gida ya tarar da matarsa tana guga. Ta saurara har ya gama, sannan ta ajiye dutsen gugar a tsaye.

"Ba kai ka rantse ka daina zanen nan ba?"

"Ni na rantse. Hannun bai rantse ba."

"Ita ɗalibar, 'yar waye ce?"

"Ban tambaya ba."

"Kai dai Malam, mai hali ba ya fasa halinsa. Ka koyi riƙe gada sukutum, ɗan yatsa ya gagare ka." Ta so ta yi dariya, abin ya ƙi fita. Ta je ta saki labulen taga, ko da yake a bene suke, ba mai leƙo su sai tattabaru.

Washegari da safe ya zauna a ofis ƙofa a kulle. Duk takun da ya ji a baranda sai ya dubi ƙofar. Da aka ƙwanƙwasa, ya daɗe kafin ya buɗe. Ɗalibar nan ce, tana murmushi.

"Malam, ka yi haƙuri, jiya na tsorata ka. Babana malamin firamare ne. Muna yara yakan zana mana Janar ɗinka a ƙasa da tsinke, mu yi ta dariya, sai ya share da ƙafa. Yakan ce duk wanda ya fara zana hancin nan, Allah ya shi masa albarka."

Dakta ya matsa daga bakin ƙofa. Ya zauna, ya nuna mata kujera, har ya tambaye ta ko za ta sha shayi.

"Ai jiya Babana bai iya cin abinci ba don murna," in ji ta.

"Murnar me?"

"Hoton. Na tura masa."

Ta miƙo wayar. Ga allo, ga Janar, ga shi kansa a gefe da alli a hannu, fuskarsa tar.

"Shi kaɗai kika tura wa?"

"A zauren danginmu na waya na sa." Murmushin ya fara gushewa. "'Yan uwa ne duka, Malam."

"A cikinsu ba mai aikin gwamnati?"

Ta karɓi wayar tana latsawa. Ta goge hoton, amma a ƙasansa wani kawunta ya riga ya rubuta cewa ya tura wa abokansa, kuma wai fuskar nan kamar ya san ta, kamar mai shagon gyaran babur na bakin tasha.

Shagon Auta ke nan.

Dakta bai yi mata faɗa ba. Ya ce ta je aji kada ta makara. Da ta fita ya kira ƙanensa. Wayar ta yi ta ringi, ya miƙe tsaye, ya zauna, ya sake miƙewa.

"Yaya! Yau an tuna da talakawa?" Ƙarar guduma na tashi a bayansa.

"Auta, yaushe rabonka da gaida surukanka na tsallaken iyaka?"

"Ni da na je bara? Tsohuwar nan sai ta ce na rame, 'yarta ba ta..."

"Ka je ka gaishe su. Da yaran duka. Yau."

Gudumar ta tsaya. Dakta yana jin numfashin ƙanensa, da wani babur da ya wuce.

"Yaya, ka sake yin zane ne?"

"Na manta rula."

Sannan Dakta ya ji ƙarar ƙofar ƙarfe ana jawo ta ƙasa.

"To. Bari in je makaranta in ɗauko su. Kada ka kashe wayar."