Gyaran Kabad

Tun da Mama ta rasu Baba ya daina cin abinci. A kai masa faranti ya ce an gode, a dawo a tarar da shi yadda aka ajiye, sai dai ya rufe shi da kyau kada ƙuda ya taɓa. Ruwan shayi kaɗai yake kurɓa. Kafinta ne, mutumin da ya saba ɗaga ƙofa sukutum shi kaɗai, amma ya koma sai ya dafa bango kafin ya miƙe. Likita ya gaya wa Yaya, babban wanmu, ba tare da kwana-kwana ba: in bai fara ci ba, gado za a ba shi a asibiti, a zura masa roba ta hanci. Baba ya ce shi ba inda za shi. Yaya ya ce ranar Asabar da yamma zai zo da mota, ko yana so ko ba ya so.

Ni ce ta tsakiya a gidanmu, kuma ni ce mai baki. Barkono Baba yake kirana tun ina yarinya, ban kuma taɓa cewa ya yi mini ƙazafi ba. Na yi lallashi, na yi faɗa, na yi kuka, har na ce masa wannan son kai ne, mun rasa uwa yana so ya ƙara mana da uba. Ya dube ni ya nuna maƙogwaronsa, ya ce, "Barkono, ba ya wucewa ne."

Ƙanwata Auta ce ta kawo shawarar biskit ɗin Mama. Ta ce ko ƙamshinsa kaɗai ya ji, wataƙila ransa ya biya.

Duk wanda ya san gidanmu ya san wannan biskit. Ɗan ƙarami ne, kewayayye, na bota da niƙaƙƙen almon, ƙwayar nan mai kama da gyaɗa, kana sa shi a baki ya narke tun ba ka tauna ba. A tsakiyarsa akwai rami mai faɗi, cike da cakulan mai kauri, wanda bai daskare ba bai kuma yi ruwa ba. Maƙwabta sun sha aiko da kwano, dangin Baba kuwa da sun zo ba sa tashi sai an ƙulla musu. Amma ba wadda Mama ta koya wa a cikinmu. Ranar yin sa kulle kicin take yi, wai iska na ɓata kwaɓin. Baba kaɗai ke shiga, da akwatin kayan aikinsa a hannu, yana cewa bari ya duba kabad ɗin nan tunda an kori yara. Kabad ɗin kuwa tun muna firamare ƙofarsa a karkace take, har yau. Mun sha yi masa tsiya: kafinta guda, ya gyara na gari duka, nasa ya gagare shi. Sai ya yi murmushi ya ce itacen ne mai taurin kai.

Ranar Asabar da safe muka shiga kicin ni da Auta, da fulawa, da bota, da almon, da garin cakulan, da kuma tabbacin cewa abin da muka ci tun muna yara ba zai gagare mu ba. Kai! Ya gagare mu, ya kuma ci mana mutunci. Na narkar da bota a wuta don ta yi saurin haɗuwa, muka kwaɓa, muka cura, muka sa a oben. Da muka buɗe, duk sun baje sun haɗe da juna, tire guda ya zama biskit guda, baƙi ta gefe, ɗanye ta tsakiya. Cakulan ɗin da Auta ta dafa kuwa ka rantse yashi aka zuba masa.

Na ce ita ce ba ta juya da kyau ba. Ta ce ni ce uwar gaggawa, ko ruwan zafi ba na iya jira ya tafasa. Na ce ta maimaita in ji. Ta maimaita. Na ɗaga tiren na buga shi a kan tebur, ya yi ƙara har cikin kaina, sai kawai na fashe da kuka, don ba biskit nake yi wa kukan ba kuma ita ma ta sani.

"Wa ya narkar da bota?"

Baba ne a bakin ƙofa, ya dafa bango, rigarsa ta yi masa yawa. Rabonsa da fitowa daga ɗaki har mun manta. Yana shaƙar iska yana yamutsa fuska.

Na ce, "Ni ce, Baba. Ka koma ka kwanta, hayaƙi ne ya..."

"Ba a narkar da ita. Akwai saura?"

Muka kalli juna ni da Auta. Ta ce akwai. Ya ce a miƙo masa kujera, a kuma ba shi ruwa ya wanke hannu. Ya zauna a gaban tebur ya naɗe hannun riga a hankali, ya danna botar da yatsa, ya ce ta yi daidai, ba ta sandare ba, ba ta saki jiki ba. Ya jefa ta a kwano, ya zuba sukari da tafin hannu ba tare da ya nemi abin awo ba, ya ɗauki cokalin katako ya fara bugawa.

Wallahi ban san hannun nan ba. Ɗazu da ƙyar yake riƙe kofi, yanzu cokali na zagaya kwano da wani irin sauti mai daɗi, ba ya sauri ba ya tsayawa. Muna kallo botar ta tashi daga rawaya ta koma fari-fari, ta kumbura ta yi laushi. Ya ce in zuba almon a kasko ba mai, in rage wuta, in yi ta motsawa. Bai ko waiwayo ba, can sai ya ce, "Sauke." Na ce ai ko launi bai sake ba. Ya ce, "Barkono, sauke." Ina saukewa ƙamshin ya buge ni, ƙamshin gidanmu na da, sai da na riƙe bakin tebur.

Da almon ya huce muka niƙa, ya haɗa da fulawa da ɗan gishiri, ya zuba a kan botar. Na miƙa hannu zan murza, ya buge mini shi kamar ina 'yar shekara biyar. Ya ce ba burodi ba ne, ba a wahalar da shi. Da gefen cokali ya riƙa naɗe kwaɓin yana juyo na ƙasa sama, fulawa na ɓacewa ya tsaya cak. Ya sa aka kai firji ya huta. Shi ma ya jingina ya rufe ido yana numfashi, gumi a goshinsa. Auta ta matso ta raɗa mini, "Yaya Barkono, me ke faruwa ne?" Na ce ta yi mini shiru.

Da kwaɓin ya yi sanyi ya riƙa gutsura yana curawa a tafin hannu, yana jerawa a tire, kowanne daidai da ɗan'uwansa. Sannan ya ɗaga babban yatsansa na dama. Wannan yatsa guduma ta taɓa farfasa shi tun kafin a haife mu, ya warke a baje, farcen ya rabu biyu. Ya ɗora shi a kan na farko ya danna.

Auta ta ce, "Innalillahi," ta toshe baki.

Ramin ne. Mai faɗin nan, da ɗan tsagi a gefe ɗaya inda farcen ya rabu. Ni tun ina yarinya cakulan nake fara lashewa kafin in ci biskit ɗin, na san wannan tsagi da harshena. Na ɗauka wani cokali ne na musamman Mama take ɓoyewa. Bayan rasuwarta har na zazzage durowa ina nemansa. Na tsaya ina kallon yatsan nan yana bin layi, yana danna ɗaya bayan ɗaya.

Na ce, "Baba. Gyaran kabad ɗin ke nan?"

Bai ɗago ba. Ya ce, "Ina saurayi na yi aikin katako a wani gidan gasa burodi da biskit, a can na gani na koya. Farkon aurenmu na yi wa mahaifiyarku, baƙi suka zo suka ci, suka yi ta sa mata albarka. Ta buɗe baki za ta faɗa, na taka mata ƙafa. Daga nan ya zama nata."

Auta ta ce, "To ita me take yi a ciki, in kun kulle?"

"Zama. Ta ba ni labarin unguwa, ta kawo mini ƙararku, ta ce gishiri ya yi yawa. Gida cike da yara da baƙi, ina za mu samu wurin magana in ba nan ba?" Ya danna na ƙarshe. "Mahaifiyarku ko ƙwai ta fasa sai an tsince ɓawo."

Muka yi dariya, dariyar da ke fita da hawaye. Shi bai yi ba, amma gefen bakinsa ya motsa.

Biskit na cikin oben, sai Baba ya sa na ɗora tukunya: madara, sukari, bota, garin cakulan. Da ta fara tafasa ya ce in cire cokali, kada in ƙara taɓawa. Nan ya gaya wa Auta laifinta, wai juyawa da zafi ce ke mayar da shi yashi. Ya karkata kai yana sauraron tukunyar. Da farko tana fal-fal da sauri, can ta koma wani nauyayyen ɓul, ɓul. Ya ce a ba shi kofin ruwan sanyi, ya ɗiga kaɗan a ciki, ya sa yatsu ya tsamo, ya cure shi ya zama ɗan ƙwallo mai laushi. Aka sauke, aka kuma fito da biskit daga oben. Muka jira har ya iya ɗora tafin hannu a gindin tukunyar, sannan ya fara bugawa. Cakulan ɗin yana sheƙi, yana sheƙi, sai a gaban idona sheƙin ya dushe, ya yi kauri ya kama cokali. Ya ce, "Yanzu! Maza, ba ya jiran kowa." Muka bi ramukan muna cikawa, ina zuba wani a gefe Baba na tsaki.

A haka Yaya ya same mu, makullin mota a hannu. Ya tsaya a ƙofar kicin ya kalli tiren, ya kalli Baba da fulawa har gwiwar hannu, ya kalle ni. Na ɗauki ɗaya na sa masa a baki kafin ya yi tambaya. Ƙaton mutum mai 'ya'ya, ya tauna sau ɗaya ya juya mana baya yana kallon bango.

Na zaɓi mafi kyau guda uku na sa a ƙaramin faranti, na durƙusa gaban Baba. Na ce, "Bismillah, Baba. Aikin hannunka ne."

Ya girgiza kai. "Ni ban taɓa cin sa ba. Naku ne."

"Ko ɗaya, don Allah."

"Ku ci, Barkono."

Duk wannan abin al'ajabi da muka gani, ashe a banza, mutumin nan dai asibiti za shi. Faɗa ya taso mini, na danne shi da ƙyar. Yaya ya share fuska ya juyo, ya ce a hankali, "Baba, to mu tafi ko? Likita na jira."

Baba ya ce, "Bari in kau da kayan nan, ba a barin tukunya ta bushe."

Ba wanda ya hana shi. Ya dafa tebur ya miƙe, ya jawo tukunyar cakulan ɗin, da sauran da ya manne a gindi da gefe-gefe. Ya ja durowa ba tare da ya duba ba, ya zaro cokali. Ya juyo zai zauna, sai ya tsaya yana kallon hannunsa. Cokali biyu ne a ciki.

Ya daɗe a haka.

Ya ce, da wata murya da ban san shi da ita ba, "Ku biskit, mu tukunya. Haka muke yi kafin mu buɗe muku ƙofa."

Ban san lokacin da na jawo kujera na zauna kusa da shi ba. Na zare cokali ɗaya daga hannunsa, na kankaro cakulan na sa a baki, na ce, "Gishiri ya yi yawa." Ya kalle ni, ya kalli tukunyar. Ya zauna. Ya sa nasa cokalin ya kankaro kaɗan, ya kai baki, ya riƙe shi a can har na fara cire rai. Sannan ya haɗiye. Ya sake kankarowa, wannan karon cike da cokali.

Na sake miƙa hannu, idona duk ruwa, ban ma ga inda cokalina ya nufa ba. Ya ture shi da nasa.

Ya ce, "Ci ta gefenki, Barkono. Nan nawa ne."