Zagayen Akuya

Rra Kefilwe ya sake taka kuloci, gwiwar ta sake ƙi. Zafin ya taso masa har ƙugu. Ya ɗage ƙafar, ya waiga ko wani ya gani. Ba wanda ya gani. Jama'a na can tsakiyar fako suna jera tsofaffin tayoyi a gefen hanyar tsere, ana ta gwajin lasifika, matan coci kuma sun ɗora tukwane masu ƙafa uku, naman seswaa, dambun naman ƙasar, na dahuwa.

Motar tsohuwar a-kori-kura ce, shuɗiya a zamaninta. Da safen nan jakuna ne suka jawo ta daga gida, shi yana ciki riƙe da sitiyari. Ya ce wa mutane mai yake tattali. Makullin na rataye a wuyansa da igiyar fata. Tun da ya sayi motar ba hannun da ya taɓa makullin nan sai nasa, har marigayiya matarsa ba ta samu ba.

'Yarsa Kefilwe, wadda saboda ita ake ce masa Rra Kefilwe, wato baban Kefilwe, ta leƙo ta taga.

"Baba, ƙafar ce?"

"Wace ƙafar?"

"Wadda ta shanye mini man zafi kwalba guda."

"Je ki taya su tuƙin tuwo."

Ba ta tafi ba, don ga Mma Seleka nan tafe. Ita ce nas mai riƙe da asibitin Motlopeng, ita ce kuma shugabar kwamitin tsere. Mace ce da ba ta kwana-kwana.

"Rra, ka yi haƙuri. Bana babu zagayen akuya."

Duk ɗan Motlopeng ya san zagayen akuya, don daga shi tseren ya samo asali. Shekara talatin da 'yan kai ke nan, motar asibiti ta zauna kan duwatsu, tayoyinta sun mutu, masu naƙuda sai amalanken jaki. A lokacin masu mota biyu ne a garin, Rra Kefilwe da Rra Moabi, kullum suna mashaya kowa na kurarin tasa. Nas ɗin wancan zamani ta gaji da jin su. Ta ce tunda mai ya yi muku yawa, ku je fako ku gwada, wanda ya sha kashi ya ba asibiti akuya a sayar a sayi taya.

Suka je, gari ya bi su. Ƙura ta tashi ta rufe layin ƙarshe, ba wanda ya ga wanda ya riga. Kowanne cikin su biyun ya ce shi ne ya riga, ya hana akuya. 'Yan kallo ne kunya ta kama, aka zagaya da hula, aka sayi tayoyin. Da shekara ta kewayo aka sake, wasu masu motoci suka shigo. Yau har daga Gaborone ake zuwa, da motocin tsere masu kejin ƙarfe a ciki da direbobi masu hular kwano. Ɗakin haihuwa da rijiyar asibiti duk daga fakon nan suka fito. Amma ba a taɓa buɗe fili ba sai tsofaffin nan biyu sun yi zagaye ɗaya, na baya ya ba da akuya. Ta farkon ce dai har yau ba ta fito ba.

"Wa ya ce babu?" in ji Rra Kefilwe.

"Rra Moabi ba ya gani. Yanar ido ta rufe masa duka biyun, 'ya'yansa sun sayar da motar. Masu kamfanin taya sun kawo sababbin motoci, su za su buɗe fili."

"Ni kaɗai zan zaga."

"Ka zaga ka tsere wa wa? Inuwarka ce za ta ba ni akuya?"

Ta wuce, ana kiranta a lasifika. Rra Kefilwe ya bi ta da kallo. Ya san mutane. Abin da aka ajiye bana, baɗi ba mai tambayarsa. Ya ɗauki sandarsa ya sauko.

"Ina za ka, Baba?"

"Gaida mara lafiya."

Rra Moabi na zaune kan kujerar roba a inuwar wata bishiya, da baƙin tabarau da hular biki, fuskarsa na kallon inda ƙarar injuna ke fitowa.

"Wane ne ke tafe da ƙafa uku kamar tukunyar biki?" ya ce.

"Wanda ya kayar da kai ran farko."

"A'a, sarkin ƙarya! Ashe kana raye. An ce mini yau jakuna ne injinka."

"An ce mini kai kuma jiya ka gaida turmi, ka tambaye shi ya yara."

"Ya fi ka amsa gaisuwa."

Rra Kefilwe ya jawo wani bokiti ya kifa ya zauna, ƙafar a miƙe. Wata jar mota ta wuce tana gwaji, ƙasa ta girgiza.

"Wannan yaron bai iya ba," in ji Rra Moabi. "Ka ji inda ya sa giya? Ya shiga kwana sannan ya tuna."

"Sun soke zagayen."

"Na ji. Yanar ba ta kai kunnena ba."

"Kai ka jawo. Mutum ya rasa lokacin makancewa sai dab da tsere."

"Da ina gani ma da wa zan yi? Tun daga can nake jin yadda kake jan ƙafar nan. Ta hagu ce. Ta kuloci."

 Rra Moabi ya miƙa ƙafafunsa, ya juya su cikin takalmi kamar mai tallarsu.

"Nawa dai garau. Shekaranjiya ma na shuri karen maƙwabci, har yanzu bai dawo ba."

Lasifika ta fara kiran masu sababbin motoci su matso. Rra Kefilwe ya taɓa igiyar wuyansa. Ya daɗe yana taɓa ta.

"Tashi," ya ce. "Kama bakin sandar nan. Kuma in ka kankare mini fenti, akuya biyu."

"Wane fentin? Ai ko da ina gani babu shi."

Ta bayan rumfunan masu sayar da lemo suka bi. Kefilwe ta tafi ɗebo wa ubanta ruwa, motar ba kowa. Rra Moabi ya shiga wajen direba, ya shafa sitiyari, ya lalubi giya, ya miƙa hannu.

"Makulli."

"Ɗauke hannunka." Rra Kefilwe ya sunkuya daga kujerar gefe, igiyar na wuyansa, ya zura makullin ya murɗa da kansa. Sai da injin ya kama sannan ya zare igiyar daga kansa ya bar ta tana lilo.

Motar ta yi tari, ta yi tsalle ɗaya, ta gangara cikin fili gaban sababbin motocin. Mai lasifika ya murza ido. Can ya ce, "Jama'a, ko idona ne, ko Rra Moabi ne ke tuƙi?" Fako ya ɗauki ihu. Mma Seleka ta taho da gudu tana kaɗa hannu. Ta makara.

Mutanen Motlopeng ba su cika cewa hagu ko dama ba. Da wuri suke kwatance.

"Miƙe. Miƙe. Yanzu karkata wajen coci."

"Sabuwa ko tsohuwa?"

"Tsohuwa, kai! Sabuwar ai tana bayanka!"

Suka sha kwanar farko, taya ɗaya ta jerin gefe ta yi sama. Rra Moabi ya sa giya ta uku, sumul, ba ko ƙara. Rra Kefilwe ya lura. Motar ba ta taɓa shiga ta uku haka a hannunsa ba.

"Taka mana! Jana'iza za mu?"

"Ka ce in taka?"

"Na ce taka!"

Ya taka. Iska ta fizge hular biki ta yi waje da ita. Ƙura ta turnuƙe bayansu. Rra Moabi na dariya, baki buɗe, sauran haƙoran nan duk a waje.

"Kwana na zuwa. Karkata wajen gidan surukarka."

Nan aka yi kuskure. Rra Moabi sau biyu ya yi aure. Rra Kefilwe ta farko yake nufi, wadda ke gabas da rijiya. Rra Moabi ya nufi ta biyu. Motar ta ratsa tsakanin tayoyi ta bar hanya, ta doshi wajen girki. Matan coci suka watse da muciyoyi a hannu.

"Ba wannan ba! Ta farko! Mai masifar!"

"Duk masu masifa ne!"

Sai ya take birki. Motar ta ja ta tsaya, tukunya ta farko na huci a gaban hancinta.

"Na ji ƙanshin nama," in ji Rra Moabi. "Bai nuna ba tukuna."

Ya sa ribas da kansa. Aka koma hanya, wata tsohuwa na bin su da zagi. Daga nan Rra Moabi bai jira kwatance ba, shekara talatin na zagayen suna cikin hannunsa. Suka fito miƙaƙƙiyar hanyar ƙarshe, mutane na bubbuga jarkoki.

"Layin ya kusa?"

"Da sauran tafiya," in ji Rra Kefilwe, yana zura sandarsa ta taga, ya miƙa ta gaba iya tsawon hannunsa.

Suka tsallake. Kafin ƙura ta lafa gardama ta kaure. Rra Kefilwe ya ce motarsa ce, sandarsa kuma ta riga kowa a cikinta. Rra Moabi ya ce ba a taɓa ba sanda kambu ba, direba ake tambaya. Mma Seleka ta iso tana haki, Kefilwe na bayanta da kofin ruwa rabi ya zube.

"Mota nawa ta shiga zagayen nan?" in ji nas.

"Ɗaya."

"Wace ce ta zo ƙarshe?"

Nas ta ɗaga yatsu biyu.

"Akuya biyu. Ran Litinin, a bayan asibiti. Baɗi kuma sai an kwashe tukwane, an ɗaure ku da bel."

"Kin ce baɗi?" in ji Rra Kefilwe.

"In kun kai."

"To. Tawa ta bana ce, a sani. Ta farkon tana wuyansa."

"Tana wuyan ubanka," in ji Rra Moabi.

Matasa suka tura motar gefe, motocin keji suka fara jeruwa. Tsofaffin suka kama hanyar bishiya, mai ido a gaba yana ɗingishi, mai ƙafa a baya riƙe da bakin sanda. Kefilwe na biye da su, idonta kan igiyar da ke hannun ubanta.

Da suka zauna, Rra Kefilwe ya kamo hannun Rra Moabi, ya danƙa masa makullin.

"Mene ne wannan?"

"Sa a aljihu. In yana wajena yarinyar nan za ta ƙwace."

Rra Moabi ya shafa makullin da babban yatsa, ya rataya igiyar a wuyansa, ya tura ta cikin riga.

"Kulocinka ya yi tauri," ya ce. "Ka sa a duba shi kafin baɗi."